La'asar a Cikin Tulu

A zamanin da, can baya sosai, inda ba mai iya zuwa ya bincika ya dawo ya ƙaryata ni, an yi wata ƙasa da mutanenta suka iya ajiye lokaci a cikin tulu. Masu ba da labarin sun ce kowace sa'a idan ta wuce takan bar ɗan turiri a bayanta, kamar yadda mai turare yake barin ƙamshi a zaure bayan ya fita. A sauran ƙasashe turirin nan yakan bi iska ya ɓace, ba wanda ya damu da shi. Su kuwa mutanen wannan ƙasa, in wani yini ya yi musu daɗi, sai su shimfiɗa sabuwar auduga a wurin ta sha turirin, su matse ta cikin tulu, su toshe bakin. Bayan shekara goma mutum ya buɗe ya shaƙa, sai ga shi tsundum a cikin yinin nan, da inuwarsa da muryoyinsa, har da ƙudajensa. Ni dai ban taɓa shaƙa ba. Wanda ya ba ni labarin ma, da na matsa masa, ya ce kakansa ne ya san wani da ya shaƙa.

Abu ne mai wuyar sha'ani. Turirin hantsi rawar kai gare shi, ko tari ka yi kusa da shi sai ya tsere. Na tsakar rana yakan fasa tulu in ba a lallaɓa shi ba. Na la'asar shi ne mai nauyi, mai yauƙi kamar zuma, shi ya fi jure shekaru. Kuma kowane iri yakan kwanta shiru a tulunsa, sai sa'arsa ta zagayo sannan ya motsa.

Gida ɗaya ne a duk ƙasar yake gina tulunan nan, kuma a lokacin da ake magana ginin yana hannun wata tsohuwa mai suna Tasalla, wadda ta gada daga uwarta. Ita ke ginawa, ita ke gasawa a matoyarta, ita ce kuma ke riƙe da mabuɗin babban ɗakin da ke bayan fada, inda sarakuna da manyan gari suke ajiye nasu. Al'adar gidansu ita ce, tulun lokaci gashi ɗaya ake yi masa, kuma ba a shafa masa makuba kamar sauran tukwane don a toshe ƙofofin jikinsa. Haka suka tarar, haka suke yi.

Sarkin ƙasar, Jatau, mutum ne mai adalci daidai gwargwado, wato in bai yi fushi ba. Yana da tulu guda da ya fi ƙauna a kan duk abin da ya mallaka. A ciki akwai wata la'asar ta lokacin da yake ɗan shekara takwas, yana zaune a gindin tsamiya tare da kakarsa, tana kaɗi tana zolayarsa. Ba wanda ya shirya kama wannan la'asar. Audugar da tsohuwar take kaɗawa ce ta sha turirin da kanta, ita kuma da ta lura sai ta matse ta, ta ce a ajiye masa. Daminar shekarar nan ta rasu. Tun daga nan, sau ɗaya a shekara bayan kaka, Jatau yakan shiga ɗakin shi kaɗai, ya buɗe, ya shaƙa, ya fito da fuska a sake, har masu ƙara suka gane suna jiran wannan mako kafin su kawo ƙararsu.

To, a shekara ta talatin da biyar, da ya shiga sai ya yi abin da bai taɓa yi ba, ya ɗaga tulun don ya gyara masa zama. Ya ji shi sakayau. Ya leƙa, ya ga abin da ya rage bai kai sulusi ba, alhali shaƙar da yake yi duk shekarun nan ba ta isa ta cinye cikin ludayi ba. Ranar masu ƙara ba su ji daɗi ba.

Washegari aka tara fada, aka kawo Tasalla. Sarki ya ce ya ba ta kwana bakwai ta nuna masa inda la'asar ɗinsa ta tafi. In rana ta faɗi ran na bakwai ba ta nuna ba, a rushe matoyarta, a fitar da ita daga ƙasar, kada ta sake taka ta. Tsohuwa ce da ta haura saba'in, mijinta da 'ya'yanta biyu suna kwance a maƙabartar garin, kuma iyakar tafiyarta a duniya ita ce bakin rafi inda take ɗebo yumɓu.

Ta durƙusa ta ce, "Allah ya ba ka nasara, ba wanda ya taɓa tulunka. Zufa yake yi. Haka ake gina su."

Waziri Nomau, mutum mai kaifin hankali wanda hankalin nasa ya fi kaifi wajen abin da bai sani ba, ya yi murmushi ya ce ashe ke nan hujjar tsohuwa ita ce, shekara hamsin tana gina tuluna masu yoyo da gangan. Ya ce shi a ganinsa abu biyu ne: ko tana sayarwa a ɓoye, ko tana shaƙa ta rage zafin tsufa. Sannan ya sa aka shigo da wata buta ta tagulla da ya saya wurin fatake, mai sheƙi, mai murfi da ake liƙewa da kakin zuma. Ya ce wannan ko ruwa ka zuba mata shekara ɗari ɗigo ba zai fita ba, ya roƙi Sarki a juye sauran la'asar ɗin a cikinta tun kafin tsohuwa ta ƙarasa ta.

Malaman fada kuma aka tambaye su ko la'asar da ta riga ta wuce dukiya ce da za a iya sacewa. Suka yi kwana uku suna buɗe littattafai, suka dawo da amsar cewa tambaya ce mai zurfi.

Tasalla ba ta yi musu da Waziri ba. Abu ɗaya ta roƙa, kada a juye na Sarki tukuna, a fara gwada butar da na wani. Waziri ya ce wannan mai sauƙi ne, ga nasa. Yana da tulun safiyar da aka naɗa shi, shekara goma sha ɗaya ke nan, safiyar da ya ce bai taɓa ganin mai kyanta ba. A gaban kowa ya juye ta cikin butar, ya liƙe murfin da hannunsa, ya danna zobensa a kan kakin.

Kwanakin nan Tasalla ba ta je gidan kowa neman ceto ba. Maƙwabta suka ce sun gan ta tana zagaya matoya tana shafa bango, ta je maƙabarta sau biyu, ta kuma ɗaure 'yan tsummokaranta a zane, ta kwance, ta sake ɗaurewa.

Ran na bakwai da hantsi fada ta cika. Waziri ya fasa kakin, ya karkata butar ya nuna wa jama'a cewa ko ɗigo bai ragu ba, kuma gaskiyarsa, bai ragu ba. Sai turirin ya taso. Da fari aka ji wani zafi ya lulluɓe zauren. Can sai kowa ya ji rawani ya matse masa kai, har waɗanda ba su da rawani. Aka ji sabon takalmi yana cizon ɗan yatsa. Aka ji algaita ta maƙale a murya ɗaya, ta ƙi gaba ta ƙi baya. Aka ji wata fargaba a ƙirji, ko Sarki zai sake shawara kafin a gama naɗi. A ƙarƙashin duk wannan kuma, kowane mutum a fadar, daga Sarki har mai gadin ƙofa, ya ji irin matsuwar wanda ya sha fura da yawa da sassafe, aka zaunar da shi a gaban jama'a, ba halin tashi. Murna kuwa, ko ƙamshinta ba a ji ba. Aka buɗe tagogi. Wasu manya suka nemi izini suka ɗan fita.

Da aka natsu, Sarki ya dubi Tasalla. Ta ce abin yana numfashi ne kamar kowane mai rai, in an hana shi iska daɗin ne yake fara mutuwa, wahalar ta fi shi tsawon rai. Ta ce iyayenta ma sun gwada toshewa, shi ya sa suka daina. Waziri yana tsaye da buta a hannu, yana duban cikinta kamar mai neman wani abu da ya faɗa rijiya.

Sarki ya ce, "Na ji, Inna. Buta ba ta yi ba. Amma ba butar Waziri na tambaye ki ba. Ina la'asar ɗina? Rana ba ta faɗi ba tukuna, amma tana hanya."

Ta ce ba za ta iya faɗa a fada ba, don in ta faɗa za a ji abin da ba na fada ba ne. In Sarki ya yarda, bayan sallar la'asar ya biyo ta da ƙafa, ba kiɗa ba rakiya, ya rufe fuska. Waziri ya ce wannan raini ne. Sarki ya ce shi ma Wazirin ya rufe tasa fuskar ya biyo su.

Bayan ɗakin tulunan akwai wani lungu siriri da ba bafaden da ya taɓa samun dalilin shigarsa. Bangon ɗakin shi ne gefe ɗaya na lungun. Tasalla ta faɗa wa Sarki a hanya cewa sauran tuluna suna tsakiyar ɗaki a kan yashi, nasa kuwa, da yake shi ne babba, tun farko a kusurwa aka jingine shi da bango. Shekara talatin da biyar yana zufa, bangon ƙasa yana sha.

Suna karya kwana Sarki ya rage tafiya. Hasken lungun ba irin na sauran gari ba ne, ya fi laushi, ya fi ja, kamar an tace shi ta cikin ganye. A ƙasa akwai inuwa mai ɗigo-ɗigo tana motsi a hankali, ya ɗaga kai bai ga bishiya ba. Iska tana kawo ƙamshin tsamiya ɗanya. Daga wani wuri da ba nesa ba, ba kuma kusa ba, ana jin mazari yana juyawa, ya yi tsit, ya sake juyawa. Mutane suna zaune jingine da bangon, tsofaffi da masu tallan da suka sauke kaya, da wasu mutum biyu da alamar rigima ce ta kawo su amma sun manta da ita. Ba mai gaggawa. Ko akuyar da ke kwance a wurin tana tuƙa ne kamar an ba ta duk shekarar ta gama.

Wani wanzami mai suna Cindo yana yi wa wani aski a gindin bangon. Ya ɗago ya ga baƙi biyu da tsohuwa, ya gaishe ta, ya tura musu tabarma da ƙafa.

"Ku zauna, Malam. Kai mai doguwar riga, cire takalmin nan, ƙara gare shi."

Waziri ya cire. Sarki ya zauna, ya tambaye shi da murya ƙasa-ƙasa me ya sa yake aski a nan, ba a bakin kasuwa ba. Cindo ya ce a nan ko yaro mai ƙiriniya ka ɗora wa aska ba ya motsi. Ya ce su dai tun suna samari suka tarar da lungun haka, in la'asar ta yi sai ka ji kamar kana da kaka. Shi bai san tasa ba, ta rasu kafin a haife shi, amma wannan ta ishe shi, kuma ta ishi duk lungun.

"Ku saurara," in ji shi, "yanzu za ta fara."

Muryar ta zo siririya, ba ta kunne ake jin ta ba, ta wani wuri ne can cikin kai. Tsohuwa ce tana magana tana dariya. Tana cewa ita ta gaji da wannan maigida nata marowaci, mai kunne kamar faifai, wanda tun da ta aure shi ko goro bai taɓa saya mata ba. Ta ce gobe za ta tattara kayanta ta auri mai sayar da gishiri, shi aƙalla miyarta za ta yi daɗi. Aka ji yaro yana musu da iyakar ƙarfinsa, yana cewa kunnensa daidai yake da na kowa. Mutanen lungun suna murmushi, wasu leɓensu yana bin maganar, don sun haddace ta.

Cindo ya goge askarsa a tafin hannu ya ce, "Mu nan duk tausayin yaron muke ji. Da kunnen nan, ko ya samu mata, oho."

Sarki ya ce, "An ce ya samu."

"To, Allah mai iko."

Duk wannan Sarki ya san shi, shi yake shaƙa kowace shekara. Ya san kuma inda yake ƙarewa: yaron ya gaji da musu, ya ɗora kai a cinyar tsohuwa, sai duhu mai daɗi, sai ya farfaɗo a ɗakin tuluna. Wanda ya shaƙa daga bakin tulu yaron yake zama, in yaro ya yi barci shi ma ya yi. Yana jiran duhun nan ya zo, bai zo ba. Ta bango abin a tsinke yake fitowa, mutum yana gefe ne yana kallo.

Sai lungun ya yi tsit. Matan da ke daka a gidan da ke kallon bangon suka ajiye taɓare. Mai tallan da ya ɗaga murya zai kira ciniki ya haɗiye kiran. Cindo ya ɗage aska daga kan mutumin, rabin kai a aske rabi da gashi. Mazari ya daina juyawa. Sarki ya sunkuya ya tambayi abin da ya faru.

Cindo ya raɗa masa, "Yaron ya yi barci."

Sarki ya ji ƙafarsa ta hagu ta fara sagewa, kamar an ɗora mata wani abu mai ɗumi mai nauyi. Ya duba, ya ga kowa a lungun ya miƙe ƙafar hagu, ba mai motsa ta. Ya ji hannu yana kaɗa gefen zane a hankali yana korar ƙuda. Ya ji takun wata mata da ta zo wucewa da ƙwarya shekara talatin da biyar da suka wuce, ya ji tsohuwar ta ce mata, da wata murya da bai taɓa jin ta yi masa magana da ita ba, ba zolaya a ciki ko kaɗan, "Taka a hankali, 'yar nan. Maigidana yana barci."

Cindo ya ƙara raɗa masa cewa haka za ta zauna har gab da magariba, ƙafa na ciwo ba ta janye ba, su ma haka suke zama, don ba wanda yake da zuciyar tashin yaron. Sarki ya ja amawali sama har kusa da ido, ya daɗe yana gyara shi, ko da yake ba abin da ya same shi.

Waziri ne ya ga lokaci ya yi da zai dawo da martabarsa. Ya gyara murya ya fara cewa, ashe ga ɓarayin nan a zaune, shekara da shekaru talakawa suna shan abin da ba nasu ba, ya kamata a toshe lungun nan ta kowane gefe. Bai kai ƙarshe ba Cindo ya nuna shi da aska.

"Malam, ko kai wane ne, rage murya. Ba ka da 'ya'ya ne?"

Sarki ya sauke amawalinsa. Cindo ya dubi fuskar, ya dubi Tasalla, ya sake duban fuskar. Zai zube ya yi gaisuwa, Sarki ya ɗora yatsa a leɓe. Wanzamin ya koma ya zauna a hankali, amma an ce sau biyu ya saci kallon rawanin, daidai inda ya rufe kunnuwa.

Sarki ya matsa kusa da Tasalla ya tambaye ta shekara nawa ya rage a tulun. Ta ce goma sha biyu, in damina ba ta yi yawa ba. Ya tambaya ko akwai dabarar da za ta hana shi ƙarewa.

"Babu, ranka ya daɗe. Sai irin ta Waziri."

Inuwar ganyen da babu shi ta matsa kamar taki ɗaya. Sannan Sarki ya yanke hukunci. Ya ce Tasalla ba ta da laifi, matoyarta tana nan, mabuɗi yana hannunta har iyakar ranta, kuma a ƙasar nan za a binne ta kusa da nata. Tulu ya zauna a kusurwarsa. Lungu ya zauna a buɗe, sai dai a ajiye masa wuri ɗaya a gindin bango, kuma in ya zo ba sai an tashi ba. Da yake al'ada ce Waziri ne ke shelar hukunci, ya umarce shi ya shelanta wannan yanzu, ya haɗa da cewa shi Waziri ya zargi tsohuwa a kan abin da bai sani ba. Amma kada a ji sautinsa. Ya bi mutane ɗaya bayan ɗaya, ya faɗa wa kowa a kunne.

Haka Waziri Nomau ya tashi ba takalmi, yana jan ƙafar hagu, yana sunkuyawa kan masu talla da tsofaffi yana raɗa musu kuskurensa. Wani tsoho mai nauyin ji ya sa ya maimaita sau huɗu, daga baya maƙwabta suka ce jinsa ƙalau yake.

Tasalla ta sauke numfashi, ta jingina kanta da bangon. Sarki ya ce mata tana iya tafiya gida ta kwance kayanta. Ta ce za ta tafi, amma ba yanzu ba. Suka ci gaba da zama a tabarma ɗaya, Sarki da maginiya da wanzami da mutumin da aka bari da rabin aski, ƙafafu a miƙe, suna jiran yaro ya farka.

A nan labarin ya tsaya, kuma gara mu ma mu tashi a hankali.